Kisan Gidan Desmond: Kowa Ya Ga Alama, Ba Wanda Ya Haɗa Su

Da la'asar ɗin ranar Talata, 3 ga Janairu 2017, wani tsohon sojan Kanada mai suna Lionel Desmond ya shiga wani shagon kayan farauta a lardin Nova Scotia, ya nuna lasisinsa na mallakar makami, ya biya kuɗi, ya fito da bindiga ƙirar SKS. Lasisin ingantacce ne, kuma mai shagon bai taka wata doka ba. Bayan 'yan sa'o'i, Desmond ya harbe matarsa mai shekara 31, da 'yarsu mai shekara 10, da mahaifiyarsa mai shekara 52, a cikin gidansu da ke ƙauyen Upper Big Tracadie, sannan ya kashe kansa. Shi kuwa shekararsa 33 a duniya.

Masu bibiyar wannan fili sun san ba kasafai nake tsallaka teku neman abin rubutu ba, domin wanda ke gabanmu ma ya ishe mu. Abin da ya sa na ɗauko wannan labari shi ne, ya bambanta da ire-irensa ta fuska guda: an bi diddiginsa a bainar jama'a. Galibi idan mutum ya hallaka iyalinsa, ko a can ko a nan, kalma ɗaya ake yankewa, a ce ya haukace, a yi jana'iza, a rufe zancen. A wannan karon dangin mamatan, musamman 'yan'uwansa mata, sun ƙi yarda a rufe. Suka dage har gwamnatin lardin ta kafa bincike a ƙarƙashin alƙali. An fara sauraron shaidu a Janairun 2020, rahoton ƙarshe kuma bai fito ba sai ranar 31 ga Janairu 2024, ta hannun Mai shari'a Paul Scovil, ɗauke da shawarwari 25. Likitoci da 'yan sanda da jami'an lasisin bindiga da ma'aikatan hukumar tsofaffin sojoji, kowa ya zo ya faɗi abin da ya sani da lokacin da ya san shi. Da wuya a samu wani kisan cikin gida da aka baje a faifai haka.

Desmond ɗan wata tsohuwar al'ummar baƙaƙen fata ne da ta zauna a wannan yanki tun ƙarshen ƙarni na 18. Ya shiga soja, aka tura shi Afganistan a 2007, ya yi wata bakwai a fagen daga. Kanada ta rasa soja 158 a wannan yaƙi, amma wannan ƙidayar gawa ce kawai, ba ta haɗa da waɗanda suka dawo da ƙafafunsu alhali yaƙin bai sake su ba. A 2011 likitoci suka tabbatar yana fama da ciwon firgicin da ke biyo bayan mummunan tashin hankali, wanda ake taƙaitawa da haruffan PTSD, haɗe da matsananciyar damuwa. Ga rashin barci, ga munanan mafarkai, ga saurin fushi. A 2015 aka sallame shi daga aikin soja bisa dalilin rashin lafiya.

A watan Nuwamba na wannan shekarar matarsa ta kira 'yan sanda saboda tsoron kada ya kashe kansa. A lokacin yana da gida a lardin New Brunswick, kusa da barikin da ya yi aiki, ita kuma tana Nova Scotia tare da 'yarsu. 'Yan sanda suka karɓe makaminsa, ofishin lasisi ya soma duba ko ya cancanci ci gaba da riƙe bindiga. Zuwa nan an yi abin da ya kamata. Sai a farkon 2016 wani likita ya cika takarda cewa mutumin ya samu natsuwa, ba shi da niyyar cutar da kansa ko wani, ofishin kuma ya dogara da wannan takarda ya sake masa lasisinsa. A daidai wannan lokacin, likitocin da ke kula da ciwonsa na firgici suna ta ƙoƙarin sama masa gado a asibitin kwanciya, domin a ganinsu lamarinsa bai daidaita ba. Jami'in lasisi bai san da wannan ba. Lardi ɗaya, mutum ɗaya, ofisoshi biyu, kowanne da nasa labarin.

Daga ƙarshen Mayu zuwa tsakiyar Agustan 2016 ya kwanta a asibitin Ste. Anne da ke yankin Montreal. Likitocin can suka ba da shawarar a yi masa cikakken gwajin aikin ƙwaƙwalwa, saboda zargin ya taɓa buguwa a ka, kuma a ci gaba da kula da shi ba yankewa. Ba a yi gwajin ba. Ya koma gida Nova Scotia ya shafe kusan wata huɗu babu wata tsayayyar kulawa, takardu na yawo tsakanin ofisoshi. Likitocin lardin da suka gan shi a wannan tsakanin ba su da hanyar buɗe fayil ɗinsa, domin yana hannun hukumomin tarayya. Abin da ya faɗa musu da bakinsa, kusan shi ke nan abin da suka sani.

A daren shiga sabuwar shekara, motar matarsa da yake tuƙawa ta faɗa rami, rigima ta tashi, ta ce ya bar gidan. Ranar 1 ga Janairu 2017 ya kai kansa asibitin St. Martha da ke garin Antigonish, inda matar tasa ke aikin jinya. Ya kwana, ya shaida wa likita ba ya tunanin kashe kansa ko wani, aka sallame shi da safe. Ranar 3 ga wata matar ta buga waya wata ƙungiya mai taimakon matan da ke fuskantar cin zarafi a gida, tana tambayar yadda ake samun umarnin kotu da zai hana mutum kusantarta. A yammacin nan ne shi kuma ya sayi bindigar.

Duk wanda ya karanta wannan jeri yanzu zai ce ai alamun a fili suke. Amma a yi adalci. Bayan an gama ɓarna kowa ma malamin duba ne. Akwai dubban tsofaffin sojoji masu irin wannan ciwo, masu rashin barci da fushi da rikicin aure, waɗanda har su koma ga Mahaliccinsu ba za su ɗaga wa kowa hannu ba, kuma babu likitan da zai dubi mutum ɗaya daga cikinsu ya rantse cewa wannan ne zai yi kisa jibi. Likitan da ya sallami Desmond ranar 2 ga wata ya yi hukunci ne da abin da ke gabansa: mutum mai magana a natse, wanda ya musanta mugun nufi. Don haka ban ga amfanin neman mutum ɗaya da za a rataya wa laifin ba. Abin da binciken ya tona ya fi wannan tayar da hankali. Matar ta san wani abu, 'yan sanda sun san wani, likitocin Montreal sun san wani, jami'in lasisi ya san wani, amma tamkar tsintsiya ce aka kwance mata maɗauri aka raba wa kowa tsinke ɗaya. Ba a buƙatar wani ya yi hasashen ranar kisa. Ya wadatar a ce mutumin da aka karɓe wa makami kimanin wata goma sha uku da suka wuce, wanda bai daɗe da fitowa daga asibitin kwanciya ba, kuma aurensa na tangal-tangal, ba zai iya shiga shago ya fito da bindiga cikin 'yan mintoci ba.

Akwai kuma wani ɓangare da na fi so mai karatu ya tsaya a kai, domin a ganina shi ne zuciyar maganar. Cikin waɗanda suka ba da shaida akwai Dakta Peter Jaffe, masani a kan kashe-kashen cikin gida. Ya auna lamarin da wani jerin alamun haɗari 41 da kwamitin nazarin irin waɗannan mace-mace na lardin Ontario ke amfani da shi, ya ce 20 daga ciki sun bayyana a kan Desmond. Jerin ya ƙunshi abubuwa irin su rabuwar aure ko shirin rabuwa, da kishi mai tsanani, da barazanar kashe kai a baya, da matsananciyar damuwa, da rashin aikin yi, da samun makami a kusa. Desmond ya sha gaya wa masu kula da shi cewa yana zargin matarsa da cin amana, har mafarkin haka yake yi. An ji, an rubuta. Sai dai an karanta shi a matsayin wani reshe na ciwon firgici, abin da magani zai rage. Hankalin kowa ya tafi ga tambayar ko zai kashe kansa, aka yi sakaci da tambayar ko matar da yake zargi tana cikin haɗari. Sunan ciwon ya zama kamar babban mayafi, ya lulluɓe ɗayar alamar.

Wani likitan ƙwaƙwalwa da ya yi nazarin lamarin domin binciken ya shaida cewa, duk da ciwon da ke damunsa, Desmond ya san abin da yake aikatawa. Hujjojin 'yan sanda ma sun nuna shiri. Ya yi ta binciken bindigogi a intanet, ya sauya tufafi zuwa kaki mai ɓad-da-kama, ya ajiye motarsa a wata hanyar daji a bayan gidan ya ƙarasa da ƙafa, ya farfasa tayoyin motar matar. Ba na faɗin wannan don in kore ciwon. Mutumin ba shi da lafiya, kuma ƙasar da ta tura shi yaƙi ta gaza kula da shi yadda ya dace. Amma ciwo da mugun kishi suna iya zama a ƙirji ɗaya, kuma wanda ya ga ɗaya ya kau da kai daga ɗayan ya bar iyali a hannun ƙaddara.

Alƙaluman da ake da su daga Amurka, inda aka fi nazarin wannan al'amari saboda yawan bindiga a hannun jama'a, suna ƙarfafa wannan fahimta. Farfesa Jeffrey Swanson na Jami'ar Duke ya ƙiyasta cewa kashi 4 cikin 100 ne kawai na tashin hankalin da ake yi wa wasu za a iya jingina shi ga tsananin taɓin hankali shi kaɗai. Wani nazari na harbe-harben da suka ci mutum huɗu ko fiye tsakanin 2014 da 2019 ya gano cewa fiye da rabinsu sun shafi mata ko miji ko wani ɗan gida. Wato abin da talabijin ke nuna mana, baƙo ya buɗe wuta a makaranta ko kasuwa, shi ne mafi ƙaranci, mafi yawa a cikin falo da ɗakin kwana ake yi. Binciken da Farfesa Jacquelyn Campbell ta jagoranta a birane 11, wanda aka buga a 2003, ya nuna cewa idan mai dukan matarsa yana da bindiga a kusa, haɗarin ya kashe ta yana ninkawa kusan sau biyar, kuma lokacin rabuwa na daga cikin mafi hatsari.

Wannan ne ya sa kalmar nan ta "ya haukace" take yi mana ɓarna biyu. Tana ɗora wa miliyoyin marasa lafiya, waɗanda akasarinsu su ake cuta ba su ke cuta ba, tabon da zai sa su ɓoye ciwonsu. Sannan tana wanke mu daga tambayar abin da muka gani muka yi shiru, tunda ai hauka ba ta sallama.

Kada mai karatu ya ce wannan matsalar masu dusar ƙanƙara ce. Idan gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, shafa wa naka ruwa. Tun 2009 Najeriya ke tura matasa yaƙi a arewa maso gabas, ga kuma dazukan Zamfara da Katsina da Sakkwato da Neja, wasu sun yi shekaru a bakin daga ba wata bakwai ba. Suna dawowa gidajen haya da cikin dangi a Kaduna da Kano da Jos. A Oktoban 2022, wajen aza harsashin cibiyar kula da sojoji masu wannan ciwo a Abuja, Hajiya Aisha Buhari ta fito fili ta ce maigidanta ya yi shekaru yana fama da shi bayan yaƙin basasa da tsarewar da aka yi masa. An yi ta cece-kuce a kan maganar, wasu na ganin ta tona asirin gida. Ni a wurina tana daga cikin maganganu mafiya amfani da aka taɓa yi daga fadar shugaban ƙasa, domin ta ambaci sunan ciwon da matan bariki da yawa ke kwana da shi ba su san me ake ce masa ba.

Abin da muke da shi na tarbar wannan kaya kaɗan ne. Ƙungiyar likitocin ƙwaƙwalwa ta ƙasa ta sha nanata cewa ba su kai 300 ba, a ƙasar da ta haura mutum miliyan 200. Akwai asibitocin tarayya a Kaduna da Maiduguri da Kware, akwai na Dawanau a Kano, amma mutumin ƙauye sai ya yi tafiyar yini kafin ya ga ƙofarsu. Sai a Janairun 2023 aka sa hannu a sabuwar dokar lafiyar ƙwaƙwalwa da ta maye gurbin ta 1958. Ita ma ba ta taɓa sashe na 231 na kundin Final Kod ba, wanda ya mai da yunƙurin kashe kai laifin da ake iya ɗaure mutum a kai. A dubi abin da wannan ke nufi. Abu ɗaya da ya yi aiki a lamarin Desmond shi ne kiran da matarsa ta yi wa 'yan sanda a 2015, wanda ya sa aka karɓe makaminsa. Wace mace ce a nan za ta kira 'yan sanda ta ce mijinta na barazanar kashe kansa, alhali tana tsoron abin ya ƙare a caji ofis maimakon asibiti?

Muna kuma da namu mayafan. Inda likitocin Kanada suka ce ai ciwon firgici ne, mu sai mu ce sammu ne, ko jifa, ko iska. Ba ni da ja da wanda ya nemi addu'a ko ruƙiya, ni ma ina neman addu'a. Inda nake ja shi ne a mai da ita dalilin barin mace da yara su ci gaba da kwana da mutumin da ya ce zai kashe su. Sai kuma babban mayafin, wato haƙuri. Mace ta yi yaji ta zo gida, ta ce ya shaƙe ta, ta ce yana kwana da wuƙa a ƙarƙashin matashi, ta ce yana bincika wayarta yana rantsuwa cewa yaron nan ba nasa ba ne. Iyaye su ce tsakanin miji da mata sai Allah, a haɗa ta da ƙanenta ya mayar da ita kafin magariba. Haƙuri halin kirki ne a kan talauci da gajiyawa da saɓanin yau da kullum. Amma shaƙewa da barazanar kisa ba sa cikin abin da ake cewa a yi haƙuri a kai, kuma waliyyin da ya mayar da 'yarsa bayan ya ji su ya yi daidai da ofishin da ya mayar wa Desmond lasisinsa.

Duk da haka, a nan ne nake ganin muna da abin da Nova Scotia ta rasa. Su matsalarsu fayil ne da ke kulle a kwamfutar wata hukuma. Mu labarin gidan mutum yana wurin uwarsa da surukinsa da limamin unguwa da mai unguwa da abokin da suke zaman majalisa, kuma duk waɗannan suna haɗuwa a masallaci ɗaya ko wurin suna ɗaya. Tsinkayen tsintsiyar suna kusa da juna. Abin da ke hana a ɗaure su kunya ce da gudun a ce an shiga sha'anin gidan wani. Da limamin da miji ya kai wa ƙarar zargin matarsa zai nemi waliyyinta ya tambaye shi me ita take faɗa, da an haɗa biyu. Da likita ko malamin jinya da ke duba magidanci mai irin wannan ciwo zai keɓe matar, ba a gaban mijin ba, ya tambaye ta ko tana jin tsoronsa kuma ko akwai makami a gidan, da an haɗa uku. Dokar hana cin zarafin jama'a ta 2015, wadda jihohi da dama suka karɓa, ta tanadi umarnin kariya daga kotu, irin wanda matar Desmond ke tambaya a kai ranar da aka kashe ta. Ina shakkar ko ɗaya cikin goma na ɗalibaina mata ta san da shi.

Saura batun bindiga, wanda da can za mu ce bai shafe mu ba. Dokar makamai ta 1959 ta tsaurara mallakar bindiga, amma halin da ake ciki ya riga ya wuce takarda. A Yunin 2022 gwamnatin Zamfara ta fito ta ce wa jama'a su nemi lasisi su mallaki bindiga don kare kansu. Katsina ta ƙaddamar da rundunar tsaron al'umma a Oktoban 2023, Zamfara ta biyo da Askarawa a Janairun 2024, ban da 'yan sa-kai da mafarauta da 'yan kato-da-gora na Borno. Ba ina ƙalubalantar dalilin kafa su ba ne, wanda aka kora daga gonarsa ya fi ni sanin zafin abin. Sai dai waɗannan matasa suna ganin irin abin da Desmond ya gani, wasunsu ma a ƙauyukansu na haihuwa, a kan gawar 'yan'uwansu, kuma da yawansu da makamin suke komawa gida. Zan so kwamishinonin tsaro na waɗannan jihohi su gaya mana: idan matar ɗaya daga cikinsu ta lura mijinta ya daina barci, yana zabura cikin dare, ya fara zarginta yana ambaton mutuwa, ƙofar wa za ta ƙwanƙwasa? Wa ke da ikon karɓe bindigar a wannan daren, ba tare da an kore shi daga aiki ko an kulle shi ba? Kuma kafin a mayar masa da ita, wa zai je ya tambayi matar?